Albasar Baba Mani Ta Yi Tsiro

Baba,

Bayan gaisuwa da addu'a. Na san ba za ka karanta wannan ba, ko da yake ɗalibanka sun ce kada in yanke hukunci, mai yiwuwa ka riga ka karanta ta tun bara. Da na fara rubutun nan Inna na tsaye a kaina tana cewa in gaya maka ka sassauta mata takaba, wai kwanakin sun ƙi tafiya, kuma ta san aikinka ne.

Ka tafi ka bar mu da sunanka: Malam Mai Naɗe Lokaci. Shekara da shekaru kana koya wa mutanen Bodinga cewa yini kamar tabarma yake, ana naɗe shi, ana shimfiɗa shi. Ka tuna manomin Horo Birni da ya roƙe ka ka ja masa damina? Ruwa ya ƙi ɗaukewa har geronsa ya ruɓe a tsaye, ka ce hannunka ne ya zarce. In aikin bai ci ba kuwa, sai ka ce ya faɗa baɗi, a je can a tarar da shi. Ba ka taɓa isa ɗaurin aure a Shagari kafin a watse ba, kullum wai mutane ne suka yi gaggawa. Ni da ka biya wa karatun kimiyya a jami'a, me ka so in ce? Sai dai in zuba maka shayi.

Jana'izarka ma sai da ta makara. Ɗalibanka suka tsaya musu a kan ko rasuwa ka yi ko jibi ka leƙa. Liman ne ya raba gardamar, ya ce a yi sallah, in ka dawo a ba ka haƙuri.

Amma maganar Baba Mani na Danchadi ce ta sa na ɗauki biro. Ka ɗaure masa lokaci a cikin rumbun albasarsa, ka ce kada ya buɗe sai ka ba shi izini. Sai ka rasu ba ka bayar ba. Kullum yana zaurenka a zaune, albasar kuwa ta yi tsiro, warinta ya kai gonar maƙwabci. Noman shekararsa ke nan gaba ɗaya, da shi zai ciyar da gida. Matarsa ta zo ta yi kuka wurin Inna.

Na zauna na yi masa bayanin zafi da laima kamar ina aji. Ya saurare ni da ladabi, sannan ya ce mini mi kinka sani, ke ɗiyar jiya. Ya ce Malam shina sane da shi.

Sai na bi ta hanyarka. Washegari na fito da rawaninka a hannu, na haɗe fuska, na ce saƙo ya iso daga mako mai zuwa: ka kwance ɗaurin, a buɗe rumbu yau. Baba, mutumin nan ko takalmi bai tsaya nema ba. An tsince mai kyau, an kai kasuwa, gidansa zai ci tuwo. Wadda ta ruɓe kuwa ya ce laifinsa ne, shi ya leƙa ta kafar zana.

To ga abin da na jawo wa kaina. Tun safe zauren ya cika. Wata daga Lambara tana so in gaggauta wa ɗiyarta haihuwa. Wani tsoho yana neman ƙuruciyarsa, ya ce ko ta rabin yini ce ya gode. Har an fara ce mini Malama Ƙarama.

Ban taɓa yarda da iliminka ba, ka kuma sani. Sai dai da na leƙa na ga layin nan, na ji ina so in bi bayansu. Hantsi ɗaya kawai zan roƙa, kana shan kunu kana gyara wa agogon bango kuskurensa.

Kafin su naɗa mini rawaninka, na haɗa jakata. Inna ta buɗe mini ƙofar baya ta wajen turken awaki, ta ce in ja ta a hankali kada su ji. Na ja, ta rufu.

Allah ya jiƙanka, ya sa ka huta, ko ma a wace ranar kake.

Ɗiyarka,
Hadiza