Shaidar Da Na Kai Wa Dakta

Zuwa ga mahaifiyata, Mama Saratu,

Gaisuwa mai yawa a cikin sunan Ubangijinmu Yesu, tare da fatan kina hutawa inda babu ciwo. Baba yana nan Zonkwa, ƙafarsa da sauƙi. Mu ma muna nan Kafanchan, ni da mijina Bulus, wanda Allah bai nufa ki ga ranar aurenmu ba.

Dalilin rubuto miki shi ne, abin da ya fito miki a nono ya fito mini. Na hagu, kamar naki. An ɗebi tsoka an auna, sakamako ya dawo, shi ne.

Kafin sati ya zagayo matan zumunta na majami'armu sun cika mana falo. Ƙawarki Mama Asabe ta zo da garin maganin nan na Kwoi a cikin gwangwanin madara, wanda ake haɗawa da citta. Tun ba ta buɗe ba na gane warinsa. Shi kika sha wata bakwai.

Na kai wa likitata, Dakta Hannatu. Ta shinshina, ta rufe, ta ce, "Ba mu da shaida a kansa."

Mama, har na ji tausayinta. Shaida? Mu da kowace Lahadi sai Fasto ya roƙi masu ba da shaida su taƙaita? Na ce a raina wannan baiwar Allah aiki ya hana ta zuwa sujada.

Sai na sayi littafin rubutu, na bi gida gida. Mata tara da suka sha garin maganin suka ba ni labarinsu. Kin san ni da karance-karance, sau nawa kika ce, "Rifkatu, ajiye littafin nan, tuwon accan na ƙonewa." To, haka na tsara su, kowacce da kukanta a farko da farin cikinta a ƙarshe. Ina rubutawa ina jin kamar na warke.

Dakta ba ta yi mini dariya ba. Ta karanta duka tara. Sannan ta tambaye ni ko cikinsu akwai wadda aka auna tsokarta kafin ta fara sha. Ɗaya ce kawai, ita ma an yi mata aiki daga baya. Sauran ba wanda ya san ko ciwon ne ko wani kumburi ne da zai baje da kansa.

Ta juyo mini da kwamfutarta ta nuna mini abin da su suke kira shaida. Ta ce ba ta dogara da bincike guda. Tana tattaro duk waɗanda aka yi a kan magani, ta zauna tana tsince su kamar wake. Wanda mutanensa ba su da yawa, gefe. Wanda mai sayar da maganin ne ya yi shi, sai ta ƙara sa ido. Wanda take riƙewa shi ne inda aka raba marasa lafiya gida biyu ta hanyar ƙuri'a, aka bi su shekaru, aka ƙirga kowa, har da waɗanda suka mutu. Ta ce, "A majami'a wanda ya rayu ne yake tashi."

Nan na tuna da ke.

Na tuna Lahadin da kika tashi cikin zanen zumunta, kika ɗaga hannu kika ce ƙarin ya ragu, Ubangiji ya yi aikinsa. Aka yi guɗa. Ina bencin baya ina kuka don murna. Bayan wata biyar muka bi ki zuwa kabari, kuma ba wanda ya tashi wata Lahadi ya gyara maganar. Har yau tana yawo, Mama. Biyu cikin matan nan tara sun ce mini shaidarki ce ta sa suka fara sha.

Ba laifinki nake gani ba. Ranar kin ji sauƙi da gaske, na gani a fuskarki.

Na ce wa Dakta to ta ba ni tata shaidar. Ta ce game da aiki da ƙarin ruwan nan mai zubar da gashi, binciken ya yi ƙarfi, bakinsu ɗaya, yana ƙara wa mata kwana. Amma yawancinsa a ƙasashen waje aka yi, a kan matan da suka girme ni, kuma irinmu kaɗan ne a ciki. Na tambaye ta ko zan haihu bayan maganin, don ko shekara biyu ba mu cika da aure ba, Bulus kuma har sunaye ya zaɓa. Ta ce akwai allurar da ake fatan tana kare ƙwan mace, wasu binciken sun ga amfaninta, wasu ba su bi matan har su ga ciki ba. Na tambaye ta ko zan rayu. Ta faɗa mini cikin mata irina kaso nawa suke tsallakewa, ta ce ba ta san ɓangaren da nake ba.

A littattafaina ko yaya aka wahalar da yarinya, akwai wani da ya riga ya san inda za ta ƙare. A nan matar da ta fi kowa karatu ta kalle ni ta ce, "Ban sani ba." Na so ta yi mini ƙarya, Mama. Na zauna ina jira, ba ta yi ba.

Litinin za mu tafi Jos a fara. Gwangwanin yana kan kantar ɗakina, na kasa sha, na kasa zubarwa, kuma na kasa faɗa wa Mama Asabe, don saboda ke take yi. Dakta ta ba ni wata takarda, wai in na yarda za a riƙa rubuta yadda jikina ya karɓi maganin, a haɗa da na sauran matanmu. Na sa hannu. Bulus ya fita waje ya tsaya wajen babur.

Ubangiji ya ba Dakta idon gane gaskiya cikin takardun nan. Ya riƙe Bulus. Ya tsare matan nan biyu, ya ba ni bakin da zan yi musu magana ba tare da na ɓata sunanki ba. In ya yarda na dawo, zan tashi a gaban jama'a in faɗi naki labarin har ƙarshe kafin in fara nawa. In kuma wajenki zan zo, wannan karon an rubuta, za a ƙirga da ni. Amin.

Ni ce 'yarki,
Rifkatu