Buhun da ke Zauren Baba

Alhamis da dare, Abbasiya

Ƙafafuna ciwo suke, amma alhamdulillahi, yau na shawo kan Baba.

Tun da na gaya masa bincikena a kan tsoffin kwafin littattafan Yahudawa na Ibrananci ne, gaisuwa kawai ke haɗa mu a waya. Yau malaminmu ya kai mu ɗakin ibadarsu na tsohuwar Alƙahira. Ya nuna mana wata kafa can sama a bango, inda a da suke jefa takardun da suka tsufa, don ba sa zubar da rubutu mai sunan Allah a bola. Da waɗannan yagaggun ake gano inda mai kwafi ya tsallake layi.

Ina fitowa daga jirgin metro na kira Baba. Na kwashe duka na gaya masa. 

Da na gama ya ce, "Ashe su ma ba sa zubarwa?"

Na ce, "Ba sa zubarwa, Baba."

Sai ya yi dariya. Wai shi ma ya sha tsallake layi yana kwafar littattafan malaminsa, kuma duk ɓatattun takardun suna cikin buhun nan na zaure, wanda ya hana mu taɓawa muna yara.

Ya ce, "Idan ka dawo, ka sauke shi ka nemo mini kurakuraina."

Khalas, shi ke nan! Shekara nawa ina kallon buhun nan daga ƙasa.