Harji a Littafin Bayahude

Zuwa ga Baba Gwani,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da girmamawa. Yaya idon naka? A gaida Inna Haulatu da yara. Ni lafiya lau, sai dai tun korona hancina bai sake jin ƙamshin komai ba. Kada a gaya wa Inna.

Baba, abin da na gani ne ya sa na kasa jiran waya. Cikin baƙin da suka zo nan Doha kallon ƙwallon duniya na ɗauki wani tsohon Bayahude ɗan Ajantina a tasin da nake ja, zuwa garin Wakra. A fuskar wayata ya ga hoton shafin Alƙur'anin da ka rubuta, ya tambayi ƙananan alamomin gefe. Na ce harji ne, ƙidayar sau nawa kalma ta zo, don kada marubuci ya ɓace.

Sai ya nuno mini hoton wata tsohuwar Attaura rubutun hannu. Wallahi Baba, gefenta cike da harji. Ya ce magabatansu har haruffa suke ƙirgawa, kuma littafi in ya tsufa binne shi ake yi. Sai da na faka motar na duba hoton da kyau.

Ɗan'uwana Shamsu ya ce za ka rabar da alƙalumanka tunda duk mun watse, ba mai rubutu da su. Don Allah a dakata. In abokina Ɗalhatu zai dawo Doha, a ba shi guda biyu da tawadarka ya kawo mini. Ko ban ji warinta ba, hannuna bai manta ba.

Allah ya ƙara maka lafiya.

Ɗanka,
Tanko, Doha