Yatsun Lawal Sun Yi Baƙi

Zuwa ga Baffa Sule a Kano,

Gaisuwa da ladabi. Ya jiki, ya iyali, ya kasuwa?

Bayan haka, ɗana Lawal ya faɗo daga raƙumi a Wagini, ya karye a ƙwauri. Mai ɗori ya ɗaure ƙafar tamau da kara, yanzu yatsun sun yi baƙi, ko an tsikare su ba ya ji. Na samo motar gyaɗa zan kai shi asibitin Katsina, sai Baba ya rantse in aka kwance ɗorin kafin kwanansa, bai yafe mini ba.

Baffa, ka san ban taɓa roƙon kowa ba. Yau na durƙusa, ka taho, maganarka kaɗai ƙanenka yake ji. Ƙafar ta fara wari.

A sa mu a addu'a. A gaida Inna, amma kada a gaya mata tukuna.

Ɗanka,
Mamman, Batsari