Ganye Uku da Ban Yanka Ba

Zuwa ga ƙanena Auta,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan takardar nan za ta same ka lafiya, kai da iyalinka baki ɗaya. Allah ya sa ciwon bayan da ka ambata ya zama kaffara, ya raba ka da zaman layin asibiti. Mu nan da sauƙi. Uwargida tana fama da ƙafa, ba ta hawa bene sai ta huta sau biyu, amma bakinta lafiya lau, ni ne shaida. Yaya tana nan, sai dai yau kwana goma sha biyu ba ta ɗaga wayata ba, kuma dalilin haka ne ya zaunar da ni ina rubuta maka da hannu. A waya ba zan iya ba, za ka riƙa katse ni da tambaya, ni kuma in fusata.

A saƙonka na baya ka ce ka karanta a jarida wai kasuwar farfelar jirgin sama da ta jirgi mai saukar ungulu sai haɓaka take yi a duniya, kana tambayar me ya zaunar da ni a gida da ilimina. Wanda ya rubuta bai yi ƙarya ba, Auta. Kasuwa tana haɓaka, ba da mu ba ne kawai. Masu ƙera farfela a duniyar nan 'yan ƙalilan ne, kuma sun koma yin ta da wani baƙin zare da ake daskarar da shi da danƙo. Idan ta ji babban rauni ba mai taɓa ta sai su, a sa a akwati a mayar musu. Mu da aka tura karatu ƙetare shekara huɗu muka koyi alminiyam ciki da bai, sai aka wayi gari ba mai nemanmu. Takardar da na zo na ɗaya a aji tana nan a bango, kyankyasai sun ci gefenta. Su kuwa tsoffin ƙananan jirage har yau farfelar ƙarfe suke so, kuma idan ka nemi sabuwa sai a ce ka shiga layi, shekara ɗaya da wani abu. Ta nan dillalai suka shigo. Mutum da tebur ɗaya da waya biyu, bai taɓa riƙe magagari ba, yana tura tsohuwar farfela daga wannan nahiya zuwa waccan, da takardu fes-fes.

Bari in koma baya don ka gane. Farfelar irin waɗannan jirage hannu uku gare ta, mu a wurin aiki ganye muke ce wa kowane hannu. Idan jirgi ya dungura ƙasa ganye ya lanƙwashe, akwai iyakar da littafi ya yarda a miƙar. Ya wuce nan, ƙarfen ya mutu ke nan ko ido bai gani ba. Ya gaji daga ciki, wata rana a sama zai karye ba sallama. Doka ita ce a sa zarto a raba shi biyu, sannan mai hatimi ya sa hannu a takarda cewa an yanka. Ni ne mai hatimin a kamfaninmu na gyaran farfela, shekara ashirin da shida.

Shekara goma sha ɗaya da suka wuce aka kawo mana farfelar wani jirgi da tayarsa ta gaba ta karye wajen sauka. Na auna, duk ganyen uku sun wuce iyaka nesa ba kusa ba. Na buga musu alamata, ɗigo biyu da tsinin ƙarfe a can ƙarƙashin gindi, inda ke shigewa cikin cibiyar farfela, kamar yadda nake yi wa duk ganyen da na kashe don kada ya cakuɗa da masu rai a kan benci. Har an ɗauko zarto sai ga Manaja, Allah ya jiƙansa, ya ce a dakata. Wai bangon ɗakin baƙi ya yi tsirara, duk kamfanin da ya je a waje yana ganin farfela a rataye, mu me ya sa za mu zauna da kalanda. Ya ce in sa hannu kawai an yanka, ai bango ba ya tashi sama. Muka yi dariya, na sa hannu.

Ba sa hannun ne ya fi cin raina ba. Da na bar su a lanƙwashe aka rataye, da ba mahaukacin da zai saya. Amma ni ba zan iya shigowa kowace safiya in ga abu a karkace a bangon wurin da nake aiki ba. Sati uku na yi a kansu, duk lokacin da wasu suka tafi cin abinci. Na miƙar da su a injin matsi kaɗan-kaɗan, na bi da magagari, na goge, na yi musu fenti. Auta, har kan ma'auni na ɗora su na daidaita nauyinsu, abin da za a kafe a bango da ƙusa! Abokan aiki suna tsokanata wai kayan ɗakin wace amarya nake haɗawa. Baƙin injiniyoyi suna zuwa suna shafawa, suna tambayar me ya sa muka rataye sabuwar farfela, ni kuwa ina gefe kaina yana ƙara girma. Da aka rufe wurin shekara biyar da suka wuce ina asibiti ana mini aikin ido. Na fito na tarar an kwashe komai an sayar wa masu sayen tsoffin ƙarafa, har da kujeru. Na tuna da ganyen nan, ba zan yi maka ƙarya ba. Na ce wa kaina an narkar an yi tukwane, na ci gaba da harkata.

To, ka san Dogo, ɗan Yaya, yanzu shi ke tuƙa jirgin wani ɗan kasuwa da ke da kwangilar ɗauko marasa lafiya daga ƙauyukan da mota ba ta kaiwa. Kwanakin baya tsakuwa ta ɓata musu ganye ɗaya, Mai Jirgi ya samo wani ta hannun dillali a ƙetare cikin kwana tara, aka ɗaura. Ranar nan Dogo ya zo ya same ni a tsakar gida ina gyara wa uwargida fanka, ya ce Kawu an sauka daga jirgi an koma fanka ke nan, na ce masa ita dai ba ta neman takarda. Da muka gama raha sai ya ce akwai wata 'yar karkarwa da yake ji a tafin ƙafarsa idan ya ƙara wuta. Makanikansu sun duba sun ce ba komai, takardun ganyen ma sun fi takardar haihuwarsa kyau, amma shi hankalinsa bai kwanta ba, in taimaka in leƙa.

Washegari na je rumfar jiragen. Na sa aka sauke farfelar aka warware ta a kan benci, makanikan suna gunaguni wai tsoho ya zo nuna musu aiki. Lambar da ke jikin sabon ganyen ta dace da takarda daidai. Sai dai da na bi wurin da yatsa na ji ya ɗan faɗa, alamar an kankare wata lamba an buga wannan. Na juya gindin na haska fitila. Ɗigo biyu. Wanda ya kankare lambar ya gan su ya ɗauka tabon aiki ne. Na nemi kujera na zauna. Da na dawo hayyacina na wanke fentin, na shafa jan ruwan nan da muke gano tsaga da shi, sai ga wani siririn layi ja kamar gashi ya fito daidai inda na miƙar da hannuna. Awa sittin da biyu Dogo ya yi a sama da wannan abu, da masu naƙuda a bayansa.

Mai Jirgi ba mugu ba ne, in faɗi gaskiya. Da ya ga layin nan sai da ya yi salati. Amma da ya nutsu sai ya ce a mayar da ganyen akwatinsa a aika wa dillalin ya canzo wani, magana ta mutu a nan. Na tambaye shi, idan ya koma, dillalin me zai yi da shi? Ya ce wannan ba ruwansa, shi ɗan kasuwa ne ba ɗan sanda ba, jirginsa yake so ya tashi. Na san amsar, shi ma ya sani: fenti za a sake, a tura wa wani a wata ƙasa. Na je na ɗauko zarto a jikin bango. Ya yi ta ihu wai kayansa ne, sai ya ɗaure ni, amma ba wanda ya riƙe ni. Hannuna ba kamar da ba, ganyen yana ta zamewa a kan benci, na fi rabin awa ina fama. Can sai na ji ya tsaya cak. Na ɗaga kai, Dogo ne ya danne ɗaya gefen da hannu biyu, har muka raba shi.

Wannan dannewar ce ta ci masa aiki. Dillali ya ce ba ya karɓar guntaye, jirgi yana zaune a rumfa an rufe shi da tamfol, kwangilar ta koma hannun wasu, Mai Jirgi ya sallami Dogo da abokan aikinsa uku, ni kuma ya ce mu haɗu a kotu. Yaya ta zo har gida, ta tsaya a bakin ƙofa ko takalmi ba ta cire ba. Ta ce tun muna yara haka nake, in ban nuna na fi kowa sani ba abinci ba ya wuce mini. Na ce mata ran ɗanta na ceta. Ta ce to wa ya sa ran nasa a hatsari tun farko? Ashe Dogo ya faɗa mata komai, domin ni ma a mota na faɗa masa komai. Uwargida tana ta ba ta haƙuri.

Ganye uku na gyara, Auta. Ɗaya na yanka. Biyu suna wani wuri a duniya, ko a sito, ko a hancin wani jirgi. Saboda haka ranar Litinin na rubuta duk abin da na yi, na ɗauki guntun gindin na kai ofishin hukumar kula da jiragen sama. Jami'in da na samu ni na koya masa riƙe ma'auni da can, yanzu har ya yi furfura. Ya miƙe ya ba ni kujera yana ce mini Malam. Ya karanta takardar sau biyu, ya tura mini ita a hankali, ya ce ko zan koma gida in sake tunani, domin da zarar ya karɓa ba zai iya taimakona ba. Na ciro hatimina na ɗora a kanta na tura masa. Ya karɓa bai dube ni ba. Ya ce za su fitar da sanarwa, amma sanarwa da lamba take aiki, su kuwa an kankare tasu. Ɗigo biyun ba a ganinsu sai an sauke farfela an warware ta, aikin kwana biyu, kuma jirage masu irin wannan ganye dubbai ne. Bai ce ba wanda zai yi ba, mai ladabi ne. Wata mai zuwa zan bayyana gaban kwamiti. Wannan bai dame ni ba, abin da za su karɓe na riga na ba su.

Ga abin da nake roƙonka. Adireshin da ke kan takardun dillalin a garinku yake, na kwafe maka shi a bayan wannan shafi. Ka je da kanka, ka tafi da surukinka Lauya tunda ya fi ka iya harshensu. Kada ka yi faɗa, na san halinka. Ka tambaye shi wurin wa ya sayi ganyen, guda nawa ne, sauran ina suka tafi. Ka ce masa ba ƙara muke nema ba, ba sunansa muke so ba, sunan jirgi kawai. In ya ga dama ya rubuta a 'yar takarda ya jefo ta ƙarƙashin ƙofarka. Idan kuma ka tarar ba kowa a wurin sai ƙofa a kulle da akwatin wasiƙa, kamar yadda nake zato, shi ma ka faɗa mini, kada ka ɓoye don tausayi.

Ka gaida mini amaryarmu, ka ce na ga saƙon maganin ƙafa, uwargida tana godiya. Ka gaida Lauya da maiɗakinsa, da takwarana, da Ƙaramar Inna mai rigima. Dogo yana gaishe ka, yakan zo da yamma mu zauna, ba ma yawan magana. In Yaya ta kira ka kada ka kare ni, ka dai saurare ta.

Dogo ya ce mini kuna shirin zuwa hutun ƙarshen shekara, kuma daga babban filin jirgi kuna so ku hau ƙaramin jirgin nan na minti hamsin don kada jikoki su wahala. Kada ku hau. Ku ɗauki mota. Awa goma sha ɗaya ce kuma hanyar ba kyau, na sani. Zan jira ku a tasha.

Allah ya tsare ku, ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Yayanka,
wanda kuka saba kira Injiniya.