Kada Ka Aske Sumar Nan, Lemuel

Tarrow, Ohio
Nuwamba, 1894

Zuwa ga Lemuel, rabin raina, hasken idona, zumata farar saƙa, rana mai leƙowa bayan dusar ƙanƙara ta gajiyar da gari!

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kana lafiya, ƙasusuwanka kuma suna nan inda Allah ya dasa su. Wasiƙarka ta same ni jiya da hantsi. Na karanta ta a tsaye a bakin ƙofa, na sake karantawa a zaune. Wai ranar Laraba za ka je wurin mai aski ya sauke maka sumar nan saboda Baba, Alhamis da safe ka buga wa jami'arku wasan ƙwallon nan naku na runguma da ture-ture, na ƙarshe na bana, sannan ka hau jirgin ƙasa ka riske mu kan abincin Ranar Godiya, bikin shekarar nan da iyali ke taruwa a ci gasasshen talo-talo, ka nemi aurena da kai tas kamar ɗan limamin coci. Har kana yabon kanka wai ka samo dabara. Haba masoyina! Wace irin dabara ce wannan?

Ka tuna zuwanka gidanmu lokacin tsinkar tuffa? Sumar ta fara rufe maka kunne ke nan. Baba ya yi ta dubanka ta saman tabaransa, da ka fita ya ce da ni, "Adelia, wannan saurayi ne ko tunkiyar da ta tsere wa almakashi?" Na yi dariya har da hawaye. A lambu kuwa ka kama hannuna ka ɗora a kanka, ka ce, "Taɓa ki ji. Ba mu da hula, ba mu da garkuwa. Wannan ce kaɗai tsakanin ƙoƙon kaina da takalmin ƙaton da zai taka ni." Wallahi a ranar ban ji maganar ba. Laushin gashin kawai na ji a tafin hannuna. Wace mace ce ke sauraren hujja alhali hannunta na cikin sumar wanda take so?

Kakar wasanku ta bana na bi ta kamar yadda manomi ke bin hadari. A wasan farko an lallasa ku a filin da aka kori shanu daga cikinsa da safe, kuka dawo kuna warin kashinsu. A na biyu na gan ku da idona daga cikin keken doki, kun haɗa kafaɗu kun yi tsini kamar garma, kuna kutsawa cikin mutane, kai kana tsakiya rungume da ƙwallo. Ba ku da mai horarwa sai kyaftin ɗinku Burdette da muryarsa mai kama da ta mai sayar da gawayi. Daga nan kuka fara ci. Malaman da suka ce wannan ba wasa ba ne, dambe ne na 'yan iska, su ne yanzu ke ba da izini a kaɗa ƙararrawar jami'a in kun dawo. Na yi alfahari da kai, tauraron asubahina, na yi ta yanko sunanka daga jarida ina nuna wa duk wanda ya tsaya.

Amma akwai abin da ba ka sani ba, ko ka sani ka ɓoye mini. Orrin Pratt, abokin wasanka da aka fitar daga fili a kan ƙyauren ƙofa, yana nan garinmu wurin mahaifiyarsa. Ku an ce muku yana samun sauƙi. Kai shaida ne ya aske kansa don hoton bikin ƙanwarsa, ya kuma shiga fili Asabar ɗin da ta biyo. Ranar Lahadi na kai musu romo. Na tarar da shi zaune bakin taga, fes da shi, yana murmushi. Ya ce, "Baiwar Allah, mun ci kuwa?" Ni da muka taso layi ɗaya! Na ce kun ci, ya tafa hannu don murna. Kafin romon ya huce ya sake juyowa, "Baiwar Allah, mun ci kuwa?" Mahaifiyarsa ta taɓa ni ta ce, "Ki ce masa e, 'yata. Tun safe e ɗin nake ce masa." Na fito ban san ta inda na bi na zo gida ba.

Likita ya ce ko gezar doki gare shi ba za ta hana abin da ya faru ba. Wataƙila gaskiyarsa. Ni ma na zauna ina mamaki, samarin da ke karatun lissafi da ilimin jikin ɗan Adam su dogara da gashi! To amma wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Ni ruwa ya ci ni, Lemuel, kuma sumarka ce kaɗai abin kamawata.

Na so in ce ka bar wasan gaba ɗaya. Na rubuta, na yage. Na san halinka. Za ka bari domina, sannan ka yi ta kallona shekara da shekaru kana tuna abokan da ka bari a fili ranar da suka fi bukatarka. Ba na son in aure ka da wannan a tsakaninmu.

Don haka na tunkari Baba, na ce masa ni ce zan hana ka askin. Ya ajiye cokali ya ce, "Na riga na yi magana. Wanda ba zai iya zama gaban mai aski dominki ba, ba zai zauna a teburina ba." Na ce, "To Baba, a rage kujera biyu." Tunda aka haife ni ban taɓa mayar masa da magana ba. Har yanzu bai ce mini uffan ba, Mama kuma tana madafa tana yanka kabewa tana share hawaye. Abin yana mini ciwo ƙwarai, don ina son mahaifina, kuma ina son albarkarsa.

Ina roƙonka da girman Allah, farin cikin rayuwata, kada ka bari almakashi ya kusanci kanka! Ka bar sumar ta yi tsawo, ta cukurkuɗe, ta sha taɓo. Ranar Alhamis ina tashar jirgi tun azahar, cikin rigar sanyina. In an buɗe mana ƙofar gida, mun gode Allah. In an rufe, mu zauna kan bencin tasha mu ci burodi, talo-talon ya ci kansa. Ban damu ku ci ko a cinye ku ba. Ka sauko daga jirgin nan, ka dube ni, ka gane ni, ka kira sunana.

Taka ce ni, da yardar Baba ko kafin ta zo, har ranar da ƙasa za ta rufe idona,

Adelia