Layi na Huɗu a Takardar Baba

Zuwa ga Auta,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki.

Kada hankalinki ya tashi, amma Baba ya faɗi ranar Talata. Ya ce santsi ne ya kwashe shi a banɗaki. Ƙashin gwiwar hannunsa na hagu ya tsage, an sa filasta. Ko da na isa asibiti an gama komai.

Na yanke shawara. Mai shekara sittin da tara da ya fara faɗuwa ba a barinsa shi kaɗai. Asabar ta sama zan kawo mota in kwashe kayansa ya dawo wurina. Na san a hawa na huɗu muke, kuma ba ya shiri da bene, amma zama wuri ɗaya shi ake nema masa.

Ga kwafin takardar asibiti. Ƙasanta duk haruffa ne da lambobi, irin aikin nan naki da har yau ban gane amfaninsa ba. Ki duba ko an ɓoye mana wani abu.

Yayanki.

*

Babana,

Ina gaishe ka da girmamawa, ya jiki? Allah ya ƙara sauƙi.

Baba, shekara tara nake aikin nan. Likita ya rubuta abin da ya gani, ni kuma in mayar da shi lamba: ciwo da lambarsa, dalilin ciwo da tasa, har inda abin ya faru. Takarda dubu nawa ta bi ta hannuna, amma taka ce ta farko da na karanta da tsoro. Lambar jiri nake nema, ko ta suma, ko ta tsoho mai yawan faɗuwa. Sau uku na karanta, babu ko ɗaya. Na kifa kai a tebur na yi kuka don daɗi, har abokiyar aikina ta ɗauka rasuwa aka yi.

Sai na nutsu na bi layin ɗaya bayan ɗaya. Na farko: tsagewa a tsinin gwiwar hannun hagu, ƙashi bai goce ba, zai haɗe. Na biyu: faɗuwa a ƙasa. Na uku shi ne wurin da aka faɗi. Banɗaki yana da lambarsa, na san ta kamar sunana, kuma ba ita ba ce. Wannan ta filin wasa ce. Layi na huɗu kuwa, abin da mutum yake yi sa'ad da ya faɗi: ƙwallon ƙafa.

Ko dai wanda ya sa lambar ya sha wani abu, ko kuma banɗakinka ya yi ciyawa. Ban gaya wa Yaya ba. Sirrin mara lafiya nasa ne, ko da ubana ne.

Autarka.

*

Auta,

Na amsa gaisuwa. Jiki da sauƙi, sai ƙaiƙayi a cikin filastar.

Ashe kuɗin makarantarki sanda na saya wa kaina. To, an kama ni. Mu goma sha biyu ne, duk 'yan fansho, Talata da Alhamis bayan asuba a filin bayan tsohuwar ma'aikata. Ni ne gola. Wata bakwai da rasuwar mahaifiyarku abokina Mai Gyaran Agogo ya zo ya ja ni, don ya ga na fara magana da kujeru.

Ran nan abokin wasanmu Dogo ya buga wata ƙwallo ta kusurwar raga, na bi ta na manta shekaruna. Da safar hannu aka kai ni asibiti, wandona duk laka, to wace ƙarya zan yi wa likita? Yayanki ne na kasa. Tun jana'iza yake riƙe ni kamar ƙwai. Na ce idan ya ji ƙwallo zai ce na zautu, gara banɗaki. Ashe gudun gara na yi na faɗa gidan zago.

Ba na son benen nan, Auta. Idan na hau, na bar filin ke nan, kuma ban san me zai tashe ni da safe ba. Ki rufa min asiri, ko ki san dabarar da za ki yi.

Mahaifinki.

*

Baba,

Gaisuwa da fatan sauƙi. Dabara ba ta cikin aikina, abin da ya faru shi nake sa wa lamba. Ƙaryarka ta ce ƙafafunka sun gaji, gaskiyar kuma ta ce ka fi Yaya lafiya. Ka kai shi filin ranar Alhamis. Kada ka sa tsinke cikin filastar.

Autarka.

*

Auta,

Salam. Na sallami mai motar.

Jiya Baba ya ce in raka shi wani wuri, sauran kin sani, munafuka. Na tsaya bakin fili na rasa ko faɗa zan yi ko dariya. Ajiyar zuciyar da na yi sai da Dogo ya waiwayo. Kwana tara ina ganin kamar shi ma tafiya ya fara, zai bi Mama.

Likita ya ce Baba ba zai koma wasa ba sai bayan sati shida, kafin nan ba su da gola. Ni suka tsayar, da takalmin ofis. Ƙwallo bakwai tsofaffin nan suka zura min. Baba yana gefe da hannu a rataye yana ƙwala min: "Fito mata, raggo! Wa ya haife ka?"

Rabona da jin muryarsa haka tun Mama tana da rai.

Sun ce in dawo Talata. Ki gaida maigidanki.

Yayanki.